Damina ta rikice, iyaka a rufe: ina mutanen Geza za su nufa?

Da an ce sauyin yanayi na korar mutane daga gidajensu, hoton da ake nunawa shi ne kwalekwalen roba a tekun Bahar Rum, maƙil da matasa masu neman shiga Italiya. A ƙaramar hukumar Bagudo ta jihar Kebbi, inda Geza take, tafiyar ba ta kai nisan haka ba. Babur ne zuwa Tsamiya a tsallaka Segbana ta Benin, ko jirgin ruwa daga Lolo a bi kogin Kwara zuwa Malanbil ta Benin da Gaya ta Nijar. Mai tafiyar nan bai taɓa kiran kansa ɗan gudun hijira ba. Cewa yake yi ya tafi cin rani.

Kuma ba yau aka fara ba. Tun kafin Ingila da Faransa su raba ƙasar Bargu a yarjejeniyar 1898, Illo ta faɗo hannun Ingilishi, Dandawa da Kyangawa da Busawa da Fulani da Hausawa ke kai da komo a wannan yanki, suna auratayya, suna cin kasuwannin juna. Fari ya sha turo mutane kudu. An gani a 1973, aka sake gani a 1984, har ta kai a shekarar 1985 kogin Kwara ya daina gudu a Yamai. Makiyaya da yawa da suka gangaro daga Nijar a wancan lokaci ba su koma ba, jikokinsu ne ke kiwo yau a arewacin Benin.

Abin da ya sauya shi ne masifar ta zama iri biyu. Da, manomi fari yake tsoro. Yanzu damina na iya makara, ta yi tsayi a tsakiya shuka ta ƙone, sannan a Agusta da Satumba ta zubo ruwan wata guda cikin 'yan kwanaki. A 2020 kogin ya yi cikar da ba a taɓa aunawa ba a Yamai, kuma ruwan nan ba shi da wata hanya sai ta Gaya ya shigo Kebbi. Hukumomin jihar sun ce kimanin hekta 450,000 na shinkafa suka nutse, Bagudo na cikin wuraren da abin ya fi muni. Da yawa daga cikin manoman bashi suka ci suka yi noman, wasu a ƙarƙashin shirin lamunin Babban Bankin Najeriya da Shugaba Muhammadu Buhari ya ƙaddamar a Birnin Kebbi a 2015. Magidancin da ruwa ya cinye wa gona, ga bashi ga iyali, ba ya jiran rani ya shigo kafin ya tura ɗansa neman kuɗi. Wanda da yake dawowa da faɗuwar ruwan farko ya kama sharar gona, yanzu sai ya tsaya lissafi: ya koma ya zuba guminsa a fadamar da ba ta da tabbas, ko ya ci gaba da acaɓa a Legas yana turo na cefane?

A daidai lokacin da mutane suka fi bukatar motsi, sai gwamnatoci suka shiga rufe ƙofa. Najeriya ta garƙame iyakokinta na ƙasa a watan Agustan 2019 saboda fasaƙwaurin shinkafa. A Disambar shekarar, Benin ta hana garkunan ƙasashen waje shigowa kiwo, duk da yarjejeniyar ECOWAS ta 1998 da ta amince makiyayi ya tsallaka da takardar shaidar dabbobinsa. Bayan juyin mulkin Nijar na Yulin 2023, gadar Malanbil da Gaya ma aka toshe ta. Kowace gwamnati na da hujjarta, kuma ba a raina batun tsaro ba, ganin 'yan bindigar da suka yi sansani a dajin W da Lakurawan da suka addabi arewacin Kebbi. Amma saniyar da aka hana ta ciyawar Alibori ta arewacin Benin ba ɓacewa take yi ba. Tana nan a gefen gonar wani tsakanin Ka'oje da Geza, kuma rigimar da za ta biyo baya hakimi da ardo za ta sama, ba ministan da ya sa hannu a Kwatano ko Abuja ba.

Tsallakawa kuwa ba a fasa ba. Kuɗinta ne ya ƙaru, aka koma bin daji da dare.

Bankin Duniya ya yi hasashe a 2021 cewa kafin 2050 sauyin yanayi na iya tayar da mutum miliyan 32 a Afirka ta Yamma, kuma a cikin ƙasashensu za su yi ƙaurar. Dokar duniya ta 1951 kan 'yan gudun hijira ba ta san wanda ambaliya ta kora ba. Yarjejeniyar Kampala ta 2009, wadda Najeriya ta amince da ita, ta san shi, sai dai muddin bai tsallaka iyaka ba. Mutumin Geza da ya kwashe iyalinsa zuwa wajen dangin matarsa a Segbana ya faɗa tsakani, a cikin takardun nan biyu ba wadda ta ambace shi.

Buhun masara da tabarmar da ake rabawa bayan ruwa ya janye ba su taɓa tsayar da kowa a gida ba. Abin da zai yi tasiri ya fi haka wuya. Hasashen damina da hukumar NiMet ke fitarwa a farkon kowace shekara ya kamata ya isa kunnen manomi da Hausa da Dandanci da Fulatanci kafin ya zuba iri, a kuma tallafa masa da injin ban ruwa domin noman rani ya rufe asarar damina. Sannan gwamnatin Kebbi ta matsa wa Abuja ta zauna da Benin a kan burtali: a yi rajistar garke, a yi masa rigakafi, a tsayar da ranar shiga da ta fita, sarakunan Illo da Ka'oje da takwarorinsu na Segbana su kasance a wajen zaman.