Kujerar Makaranta Ta Kai Su Kurkuku

Jama'a, a Amurka mutanen gunduma ne ke zaɓen 'yan hukumar makarantu a galibin wurare. Kujera ce ƙarama a ido, amma masu ita ke naɗa shugaban makarantu, su ke raba kuɗi, su ke sa hannu a ɗauki malami ko a kore shi.

A shekarar 2010, a garin Kwitman na gundumar Buruks, jihar Jojiya, baƙar fata suka bi gida gida suna nuna wa mutane yadda ake jefa ƙuri'a ta gidan waya. Suka ci zaɓe, suka sami rinjaye a hukumar karon farko. To, sai me? A watan Disamba aka bi su da ankwa. Mutum 12 aka tuhuma da maguɗi, aka baza hotunansu a jaridu cikin kayan fursuna. A 2012 Gwamna Nathan Deal ya dakatar da mata uku daga kujerunsu. Sai a 2014 kotu ta wanke wadda aka fara gurfanarwa, bayan shari'a ta watse sau biyu, sa'an nan aka janye ƙarar sauran. Shekara huɗu ke nan! Wa ya biya su?

Su ma sun yi sa'a. A 1979, a gundumar Pikens ta jihar Alabama, masu taya alƙali hukunci, turawa zalla, suka kama malama Maggie Bozeman da tsohuwa Julia Wilder da laifi irin wannan, don sun taimaki tsofaffi jefa ƙuri'a. Aka yanka wa ɗaya shekara huɗu, ɗaya biyar. Sai da suka ɗanɗana kurkuku kafin kotun tarayya ta soke hukuncin a 1984.

Masu cewa doka ce ta yi aikinta, sai su gaya mana: ina dokar take tun da can, lokacin da su ke ci? Ba ta farka ba sai ranar da talaka ya ƙirga ƙuri'a ya fi su.

Mu kuwa mazauna Agege da Sabo ta Ibadan, ba ma zaɓen hukumar makarantu. Gwamna ke naɗa ta jiha. Amma akwai kansila, akwai taron iyaye da malamai. 'Ya'yanmu na cikin ajin, mu muna bakin kasuwa, katin zaɓe kuma na can ƙauye, a ƙasan akwati.