Littafin da ya bi sawun Hissène Habré

Masu cewa shari'ar manyan laifuka ta duniya tarko ce da Turawa suka ɗana wa Afirka, su nemi littafin Reed Brody, To Catch a Dictator, na 2022. Labarin Habré ne, wanda ya mulki Chadi daga 1982 zuwa 1990, kuma alƙalan Afirka ne suka yanke masa ɗaurin rai-da-rai a Dakar a 2016. Abin da ya fi taɓa ni shi ne takardun 'yan sandan sirrinsa, waɗanda aka tsinta a 2001 warwatse a ƙasa a Njamena, ƙura ta lulluɓe su, ga sunayen fursunonin da suka mutu a tsare. Waɗanda suka tsira daga kurkukunsa ne suka ƙi haƙura har aka gurfanar da shi. Ɗaliban lauya, ku fara da wannan kafin haddar Yarjejeniyar Roma da ta kafa kotun manyan laifuka ta duniya.