Mu Ɗauki Darasi Daga Finafinan Indunusiya

Malam Edita,

Don Allah ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini in faɗi albarkacin bakina game da finafinan ƙasar Indunusiya.

Ni dai da can abin da na sani game da ƙasar nan bai wuce Indomie da nake sayarwa a tebur ba, sai kuma alhazansu da ake ba mu labarin natsuwarsu a Makka. Ran nan yarona ya nuna mini fim ɗinsu na faɗa a waya, The Raid, na 2011. Da na bincika, ashe mutanen sun yi nisa.

A shekarun 1990 sana'ar fim ta kusa mutuwa a can, finafinan Amurka da talabijin suka cinye kasuwa. Bayan saukar Shugaba Suharto a 1998 sai matasa suka tashe ta. A 2008 suka yi Laskar Pelangi, labarin 'ya'yan talakawa a wata makarantar ƙauye a tsibirin Belitung. A 2022 KKN di Desa Penari, labarin ɗalibai da aljanu, ya sami 'yan kallo wajen miliyan 10 a silima. Haka Jumbo, fim ɗin zane na yara, ya yi a 2025. Ta intanet kuma suna da manhajarsu ta gida, Vidio, tana gogayya da Netflix.

To jama'a, mene ne asirin? A ganina abu biyu ne. Labarinsu suke bayarwa, da harshensu da ƙauyukansu. Sannan mai kallo yana biya, kuɗin kuma na komawa ga mai fim.

Mu fa? Yawancinmu, har da ni, wurin masu turi muke kai waya a cika mana ita, wanda ya zuba jarinsa ko sisi. Wane manomi ne zai sake shuka in wani ke girbe masa gona? Su ma 'yan fim ɗinmu su rage kwaikwayon Indiya, ga labarin noma da kasuwa jibge.

Sai dai iyaye a sa ido, don finafinan nan na faɗa da na aljanu ba na yara ba ne.

Allah Ya sa mu gane, amin.

Naka mai karatu kullum,
Manomi kuma ɗan tireda,
Daga Bichi, Jihar Kano.