Tankokin Kursk Da Kibiyoyin Burmi

Duk wanda ya saba tsayawa wurin masu shimfiɗa tsofaffin littattafai a bakin titi cikin garin Gombe, ya san akwai wani irin littafi da ba ya daɗewa a ƙasa. Shi ne littafin yaƙi, musamman wanda aka zana tankar yaƙi a bangonsa tana aman wuta. Malaman makaranta su saya, tsofaffin soja su saya, samarin da ke burin shiga makarantar horon hafsoshi ta Kaduna su ma su saya, a yi ta aro hannu zuwa hannu har bangon ya rabu da jikin littafin. In an zauna hira da maraice kuwa, sai a ji mutumin da bai taɓa ƙetare Binuwai ba yana lissafa sunayen janarorin Hitila kamar yana kiran 'yan unguwarsu.

Wannan ba laifi ba ne, don kuwa akwai ilmi cikin littattafan. Waɗanda suka fi suna su ne na hafsoshin Jamus da aka fassara da Turanci cikin shekarun 1950, kamar Panzer Leader na Janar Guderian, da Panzer Battles na Janar Mellenthin. In aka tace su, magana biyu ce ke fitowa. Ta farko ita ce yadda ake mai da martani da motoci masu sulke, watau a auka wa abokin gaba a daidai lokacin da ya gaji da kai hari, bai haƙa ramuka ba, igwoyinsa kuma ba su iso ba. Ta biyu ita ce yadda sojan ƙasa, wanda ba shi da komai sai rami da bindiga da haƙuri, yake tsai da wannan ƙarfen. Ita tanka, duk da girmanta, kusan makauniya ce kuma kurma. Wanda ke cikinta ta 'yar kafa yake leƙe, ƙugin inji kuma ya toshe masa kunne, saboda haka in ba dakaru a gefenta suna share mata hanya, to ta zama giwa cikin dawa mai ramuka.

Abin da ya faru ke nan a Tubruk ta ƙasar Libiya ran 14 ga watan Afrilu, 1941. Sojan ƙasa na Ostareliya suka lafe cikin ramukansu, suka bar tankokin Janar Rommel suka wuce su, sa'an nan suka buɗe wa dakarun da ke biye wuta. Tankokin suka sami kansu su kaɗai a gaban igwoyi, waɗanda suka tsira suka juya da baya. Garin nan ya yi wajen wata takwas a kewaye bai faɗi ba.

To amma labarin da ya fi dacewa da wannan fili shi ne na Furokorofka, cikin babban gumurzun Kursk a ƙasar Rasha. Ran 12 ga watan Yuli, 1943, Janar Rotmistrov ya jefa rundunar tankokinsa a kan Jamusawa. Shekara da shekaru littattafai suna cewa a ranar ne aka karya lagon tankokin Hitila, shi kansa janar ɗin haka ya rubuta, marubutan Ingila da Amurka kuma suka yi ta kwafa daga juna. Sai bayan rushewar Tarayyar Sobiyat a 1991, da aka buɗe ma'ajiyar takardun soja, aka ga ashe Rasha ce ta yi asarar tankoki sama da 200 a yinin nan, wasu ma cikin ramin da sojan Rasha suka haƙa da hannunsu suka afka, alhali kuwa na Jamus da suka ƙone ƙurmus 'yan kaɗan ne. Ɗaya daga cikin waɗanda suka gyara labarin shi ne Valeriy Zamulin, wanda ya yi shekaru yana aiki a gidan tarihin filin dagar, aka buga littafinsa da Turanci a 2011. Mutumin wurin ne ya bi takardu, ya taka ƙasar da ƙafarsa, ya ce wa manyan duniya ba haka aka yi ba.

A nan ne fa maganar ta dawo gida. Mai karatun da ya haddace Kursk, in aka tambaye shi abin da ya faru a Kwatarkwashi ko a Burmi, sau da yawa sai ya sosa ƙeya. Ga shi kuwa maganganun nan biyu na littattafan tanka duk suna nan cikin shekara guda ta tarihin ƙasar nan, watau 1903.

Sarakunan Daular Usmaniyya suna da nasu masu sulken. 'Yan lifidi ne, doki da mahayinsa a lulluɓe da rigar auduga mai kauri wadda kibiya ba ta hudawa da sauƙi, wasu da sulke, ga kwalkwali a ka. Aikinsu shi ne fasa sahu, kuma Joseph Smaldone ya yi bayaninsu filla-filla cikin littafinsa Warfare in the Sokoto Caliphate na 1977. Bayan Turawa sun ci Kano ran 3 ga watan Fabrairu, Waziri Ahmadu ya jawo rundunar Kano daga hanyar Sakkwato don ya ƙwato birnin. A ƙarshen watan suka yi karo da Laftana Wright kusa da Kwatarkwashi, yana da mutum arba'in da 'yan kai. Sojan nan suka yi sahu mai kusurwa huɗu, baya da baya, baraden Kano suka yi ta kai sukuwa suna zubewa a bakin bindiga, har Waziri ya faɗi, ya sami laƙabin Mai Shahada. An rubuta cewa dawaki 1,000 da dakaru 2,000 ne suka taso wa Wright. Wa ya ƙidaya su? Ɓangaren Wright ne, kuma a kan wannan lissafi aka ba shi lambar yabo mafi girma ta sojan Ingila.

Burmi kuwa tana nan kusa da Bajoga, a Ƙaramar Hukumar Funakaye, tafiyar da ba ta kai awa biyu a mota ba daga Gombe. Tun kafin zuwan Turawa garin ya san tsaron kai. Malam Jibrilla Gaini ya kafu a can cikin shekarun 1880, Sarkin Gombe Zailani ya rasa ransa a 1888 garin yaƙarsa, rundunonin sarakuna da aka haɗa daga baya su ma ba su ci ganuwar ba, sai a 1902 Turawa suka kama Malam Jibrilla suka kai shi Lakwaja. Saboda haka lokacin da Sakkwato ta faɗi ran 15 ga watan Maris, 1903, Sarkin Musulmi Attahiru ya kama hanyar hijira zuwa gabas da ɗimbin jama'a, mutanen da ya nufa mutane ne da suka san abin da ganuwa da gwalalo da kibiya mai dafi ke iya yi.

Ran 13 ga watan Mayu, Kyaftin Sword ya iso Burmi da sojansa da bindiga mai ruwa. Aka wuni ana fafatawa. Mutanen garin ba su maimaita kuskuren da aka yi a Sakkwato ba, inda aka jera mayaƙa a fili a wajen birni bindiga ta yi ta girbinsu. Su a bayan ganuwa da cikin ramuka suka tsaya, suna sakin kibau a kan duk wanda ya matso, kuma bindiga mai ruwa ba ta da abin da za ta yi wa mutumin da ba ta gani. Sword ya rasa yadda zai shiga, ga mutanensa da yawa da raunin kibiya, dole ya janye har Bauchi. Wannan shi ne Tubruk ta ƙasar Gombe, kusan shekara 38 kafin ta Libiya, ta fi ta ma ban mamaki, don su mutanen Tubruk suna da igwa.

Turawa suka yi sama da wata biyu suna tara soja da igwoyi. Ran 27 ga watan Yuli suka dawo a ƙarƙashin Manjo Marsh. Shi kansa Marsh kibiya ta kashe shi a ranar. Aka fasa ganuwa, aka yi faɗa lungu-lungu har faɗuwar rana, an kuma ruwaito cewa wasu mayaƙan ɗaure junansu suka yi da igiya don kada wani ya gudu. Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada tare da mutane sama da 600. Ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya wuce da sauran jama'a har ƙasar Sudan, inda garin Mai Wurno yake a bakin kogin Nilu har yau.

Ba a ce ba a rubuta labarin ba. D.J.M. Muffett, wanda tsohon jami'in mulkin Turawa ne a Arewa, ya rubuta Concerning Brave Captains a 1964, kuma littafi ne mai daɗin karatu da ya girmama waɗanda aka yaƙa. Farfesa Adeleye ya fi shi zurfi cikin Power and Diplomacy in Northern Nigeria na 1971, don ya bi wasiƙun sarakuna na Larabci. Victor Low ma ya tattara tarihin baka na Gombe da Katagum da Haɗeja cikin Three Nigerian Emirates na 1972. Amma duk da Turanci suke, samun su a kantin littattafai aiki ne, kuma in an zo kan faɗan kansa, watau wa ya tsaya a wace ƙofa, ina aka haƙa rami, mutum nawa suka faɗi, galibin abin da ke hannu rahoton hafsoshin da suka kawo harin ne. Hafsa kuwa, ko na Rasha ne ko na Ingila, ba ya rubuta wa shugabansa abin da zai rage masa girma. Haka ma yaƙin basasar ƙasar nan: a 1980 Janar Obasanjo da Janar Madiebo kowa ya fid da littafinsa, mai karatu in ya ɗora su gefe da gefe sai ya yi tsammani yaƙi biyu aka yi.

Waƙa a bakin mai ita ta fi daɗi. Jikokin mutanen Burmi suna nan a Bajoga da Ashaka da Nafada da ƙauyukan bakin Gongola, wasu suna Sudan, kuma akwai tsofaffin da suka ji labarin daga bakin kakanninsu da Fulatanci da Hausa. Kowace damina ana rasa wasu daga cikinsu, ruwa kuma yana ƙara cin abin da ya saura na alamun tsohon garin. Jihar Gombe tana da jami'arta tun 2004, ga ta Tarayya a Kashere tun 2011. Abin da Zamulin ya yi wa Furokorofka bai fi ƙarfin ɗalibin tarihi mai naci ba: na'urar ɗaukar magana, da awon ƙasa, da zama a ma'ajiyar takardun tarihi ta Kaduna a gwada rahoton Sword da abin da dattawa suka riƙe, sa'an nan a rubuta da harshen da mai sayar da goro zai iya karantawa.

Har ila yau akwai wani bashin da ke taruwa. A watan Nuwamba na 2014 'yan Boko Haram sun auka wa Nafada da Ashaka, a kan ƙasar nan dai ta Burmi, sa'an nan ran 14 ga watan Fabrairu, 2015 suka shigo garin Gombe kansa kafin soja da jiragen sama su kore su. Ƙananan sojan da suka kwana cikin ramuka a lokacin suna raye, haka mutanen gari da suka lafe cikin gidajensu suna sauraron ƙarar harbi. In an jira sai manyan hafsoshi sun yi ritaya sun rubuta nasu, to irin littafin Rotmistrov za a samu.

Kabarin Sarkin Musulmi Attahiru da na Manjo Marsh duk suna filin Burmi, ba nisa tsakaninsu. Motar Bajoga kuwa kullum tana tashi daga Gombe.