Mai Ba Da Shawara Ko Maroƙi?

Ranar Asabar aka toshe mana layi a Darmanawa, aka kafa rumfuna, ana walimar wani ɗan unguwa da aka naɗa mai ba da shawara na musamman. Ba na baƙin ciki da arzikin kowa, Allah ya sanya alheri. Jawabinsa ne ya tsaya mini a rai: godiya ga maigida, kirari ga maigida, alkawarin biyayya ga maigida. Shawarar da aka ɗauke shi dominta kuwa, ko sunanta bai ambata ba.

Ƙasar Kano ta san manyan fada. A zamanin Sarki Abdullahi Burja, wanda ya yi mulki daga 1438 zuwa 1452, an yi Galadima Dawuda. Littafin tarihin Kano ya nuna cewa shi ya ba Sarki shawara ya koma gida ya bar masa fagen daga, Sarki kuma ya ji. Galadima ya yi shekara bakwai a kudu, a hanyarsa ta dawowa ya kafa garuruwa 21, Sarki ya damƙa masa su. Da bayi aka cika garuruwan nan, kuma babu mai imani da zai yi alfahari da hakan. Amma ku dubi matsayin mutumin. Yana da dawakinsa, yana da jama'arsa, tuwon gidansa ba ya jiran albashin fada. Irin wannan in ya ce wa Sarki kada a yi, dole a tsaya a saurara, domin ba yunwa ce ta kawo shi ba.

Sarki Muhammadu Rumfa ya gane haka, shi ya sa ya kafa Tara ta Kano, majalisar manya tara da ake yanke al'amura da su. Bai tsaya nan ba, ya nemi Shaihu Maghili, baƙo daga Tilimsan, ya rubuta masa abin da ya wajaba a kan sarakuna, malamin kuma ya yi ta jan kunnensa kan ɓuya wa talakawa.

Yau me muke da shi? Ɗaruruwan masu ba da shawara, wasu ko teburi ba su da shi, aikinsu zagin abokan hamayya a Facebook. Za a ce ai hanyar cin abinci ce ga matasa. To a kira ta da sunanta, sadaka ce daga baitulmali. Mutumin da kuɗin hayarsa ke hannun maigida ba zai taɓa ce masa ka yi kuskure ba, zai dai ce ranka ya daɗe, daidai ne, ana gani kwata ta cika, asibiti ba magani.

Mutanen Tarauni da Gyaɗi-Gyaɗi, duk wanda aka naɗa a unguwarku, bayan wata shida ku tare shi a ƙofar masallaci ku tambaye shi shawara ɗaya da ya bayar wadda maigidansa bai so ji ba.