Tsinkewar jijiyar gwiwa: a san wadda ta tsinke kafin a nemi magani

A wannan makon za mu tsaya a kan gwiwa, musamman raunin da ake samu idan jijiyar da ke riƙe da ita ta yage ko ta tsinke. Yaro ya dawo daga filin ƙwallo yana ɗingishi, maigida ya faɗi da babur, ko santsi ya kwashe uwargida a banɗaki, abin da za a fara cewa shi ne, "Targaɗe ne, a kai a ja." Wani lokaci targaɗen ne. Wani lokaci kuwa jan da za a yi shi zai ƙarasa ɗan abin da ya rage.

Jijiyar da nake nufi ba ta jini ba ce. Wata igiya ce mai ƙarfi da ke ɗaure ƙashi da ƙashi. Manyansu guda 4 ne a gwiwa, suna haɗa ƙashin cinya da ƙasusuwan ƙwauri. Biyu suna gefe, ɗaya ta ɓangaren ciki, ɗaya ta waje, su ne ke hana gwiwa lanƙwashewa gefe. Biyu kuma suna can tsakiyar gaɓar sun gitta juna, ta gaba da ta baya, su ne ke hana ƙwauri zamewa gaba ko baya. Ta gaban ita ce za ku ga likita ya rubuta ACL a takarda.

Abin da nake so ku riƙe shi ne, waɗannan jijiyoyi ba su warkewa iri ɗaya. Ta gefen ciki tana samun jini sosai, don haka mafi yawan lokuta takan haɗe da kanta idan aka sa wa gwiwar takalmin tallafi, aka huta, aka yi atisaye. Ƙaramar yagewa kan ɗauki 'yan makonni, babba kuma takan kai wata 2 zuwa 3. Ta gaba kuwa tana kwance ne cikin ruwan gaɓa, jinin da ke isa gare ta kaɗan ne. Idan ta tsinke gaba ɗaya, da wuya bakunan biyu su sake haɗuwa su yi ƙarfi kamar da. Babu man shafawa, babu ɗauri, babu ja da zai ɗinke ta.

Ta yaya za ku yi zargin ita ce? Galibi ba sai an bugi mutum ba. Ya kafa ƙafa a ƙasa ne ya juya jiki da sauri, ko ya yi tsalle ya dira a karkace. Da yawa sukan ji ƙara "ɗas" a cikin gwiwar, sannan cikin 'yan sa'o'i ta kumbura suntum saboda jini ya taru a ciki. Inda take yaudarar mutane shi ne, bayan mako 2 ko 3 kumburin ya saɓe, zafin ya ragu, mutum yana tafiya, sai a ce ya warke. Ranar da zai juya da sauri ko zai sauko daga bene, sai gwiwar ta sage ya tafi ƙasa. Kowace irin wannan sagewa tana iya yaga guringuntsin da ke tsakanin ƙasusuwan, wanda shi ne matashin gaɓar, kuma hakan na jawo amosanin gaɓɓai tun mutum yana da sauran ƙuruciya.

A kwana 2 zuwa 3 na farko, ga abin da za a yi a gida. A daina taka ƙafar da ƙarfi, a nemi sandar dogarawa. A naɗe ƙanƙara a tsumma a ɗora minti 15 zuwa 20, a maimaita bayan kowace awa 2 ko 3, kada a ɗora ta kai tsaye a kan fata. A ɗaure da bandeji mai talewa ba tare da matsewa ba, a ɗora ƙafar a kan matashi idan an kwanta. A guji gashi da ruwan zafi da murza a waɗannan kwanaki, suna ƙara kumburi. Farasitamol ya isa rage zafi ga mutane da yawa. Mai gyambon ciki, mai ciwon ƙoda da mai juna biyu kada su sha ibufurofen ko daikulofenak sai da izinin likita.

Akwai alamun da ba a kwana da su a gida: tafin ƙafa ya yi sanyi ko ya canza launi, ƙafar ta mutu ba a jin taɓi, mutum ya kasa ɗaga yatsunsa sama, gwiwar ta goce ko da ta koma da kanta, ko ta maƙale ta ƙi miƙewa. Babbar hanyar jinin ƙafa ta bayan gwiwa take bi, idan ta samu rauni aka yi jinkirin sa'o'i ana iya rasa ƙafar. Haka nan idan dambubu ya kumbura yana zafi bayan kwanaki, a garzaya asibiti, yana iya zama gudan jini.

A asibiti likita zai riƙe cinya ya ja ƙwauri a hankali ya ji ko yana zamewa. Hoton ƙashi na yau da kullum karaya yake nunawa, ba ya nuna jijiya, don haka idan an ce "hoto bai nuna komai ba" ba yana nufin lafiya lau ba ne. Hoton MRI ne ke nuna jijiya da guringuntsi. Yana da tsada, shi ya sa ya fi kyau likitan ƙashi ya fara duba ku, kamar a Asibitin Ƙashi na Dala da ke Kano ko asibitin koyarwa mafi kusa, shi zai ce ko ana buƙatarsa. Masu ɗori suna da matsayinsu a wurin jama'a, amma hannu ba ya ganin abin da ke cikin gaɓa, kuma ɗaure gwiwa da kara na tsawon makonni yana sandarar da ita, cinya ta tsotse.

Ba duk wanda jijiyar gaba ta tsinke ne ake yi wa tiyata ba. Wanda aikinsa na zama ne, kuma gwiwar ba ta sage masa, yana iya rayuwa lafiya idan ya ƙarfafa naman cinya, gaba da baya, a hannun ma'aikatan gashin ƙashi. Matashi ɗan ƙwallo, soja, mai aikin ƙarfi, ko wanda gwiwar ke yawan kayar da shi, shi ake ba shawarar aiki. A aikin ma ba ɗinke tsohuwar ake yi ba galibi. Ana yanko wata jijiya daga jikin mutum, daga ƙasan ƙoƙon gwiwa ko bayan cinya, a huda ƙashi a dasa ta a madadin wadda ta tsinke. Yawanci ana jira kumburi ya sauka, gwiwa ta iya miƙewa sosai, kafin a shiga ɗakin tiyata.

Iyaye, a nan ne nake roƙonku. Dasasshiyar jijiya tana ɗaukar watanni kafin ta kama ta yi ƙwari, kuma zafi yana riga ta tafiya. Virgil van Dijk na Liverpool ya ji wannan rauni a wasansu da Everton a watan Oktoban 2020, bai sake buga wasa ba sai ƙarshen Yulin 2021. Neymar ya ji nasa a Oktoban 2023 yana buga wa Brazil, ya shafe shekara guda cur. Waɗannan mutane ne da ke da likitoci da kayan aiki dare da rana. Idan su sun jira wata 9 zuwa 12, ɗanku da ke son komawa gasar unguwa bayan wata 3 don abokai suna kira fa? Sauri kan haifi nawa, kuma tsinkewa ta biyu ta fi ta farko wuyar gyara. 'Yan mata masu wasanni ma a kula, sun fi maza saurin samun wannan rauni a wasa iri ɗaya.

A lokacin jinya, atisayen da aka ba ku shi ne rabin magani, a yi shi kullum ko da ba a je asibiti ba. A guji tsugunno mai zurfi, a samu kujerar bahaya idan masan gidan na tsugunawa ne. Wanda durƙuso ke yi wa wuya ya yi sallarsa a kan kujera har likita ya ba da dama. Mai shan taba ya daina, tana jinkirta warkewa.

Wanda ya taɓa fama da wannan ciwo, ko yake jinyar wani yanzu, ya rubuto mana a ƙasa: yaya aka ji raunin, wata nawa ke nan, kuma gwiwar tana sagewa? Zan amsa abin da ya sawwaƙa a mako mai zuwa. Allah Ya ba marasa lafiyarmu sauƙi.