Jihar Da Ta Rubuta Sunayen Sojojinta

Idan za a ba da labarin yaƙi, abin da aka saba ji shi ne sunayen manyan hafsoshi da na garuruwan da aka ci. Talakan da ya bar gonarsa ya ɗauki bindiga, shi kam sai dai ya shiga cikin ƙidaya: an kashe dubu kaza, an yi wa dubu kaza rauni. Yau muna so mu jawo hankalin masu karatu, musamman akawuna da malaman makaranta, ga wata jiha ta Amurka da ta ƙi yarda 'ya'yanta su ɓace cikin ƙidaya, watau Pennsylvania.

An yi yaƙin basasar Amurka daga 1861 zuwa 1865, tsakanin jihohin Arewa masu riƙe da tarayya da jihohin Kudu waɗanda suka ɓalle domin kada a taɓa musu bauta. Rayuka fiye da 600,000 suka salwanta. A wannan zamani jihohi ne ke tara yawancin sojoji su miƙa wa Gwamnatin Tarayya, kowace runduna da sunan jiharta da lambarta. Sau da yawa mutanen kamfani guda, watau soja wajen 100, duk 'yan gari ɗaya ne. Saboda haka in runduna ta gamu da baƙar rana, gari guda ne zai kwana da makoki. Pennsylvania kaɗai ta ba da mutum fiye da 300,000.

Da ƙura ta lafa, cikin 1866, sai Gwamna Andrew Curtin ya naɗa wani mutum mai suna Samuel Bates ya rubuta tarihin sojojin jihar. Abin lura, Bates ba soja ba ne. Malamin makaranta ne, ya yi shugaban makaranta a garin Meadville, har ya zama mataimakin mai kula da makarantun jiha duka. Ya bi takardun da akawunan runduna suka cika a fagen daga, ya nemi bayani wurin hafsoshin da suka rage, ya fitar da manyan littattafai biyar tsakanin 1869 da 1871. Kowace runduna an fara da labarinta, inda aka tara ta da inda ta yi faɗa. Sa'an nan sai jerin sunaye, daga kanar har zuwa farabiti: muƙamin mutum, ranar da ya shiga, wa'adin da ya ɗauka, da yadda ya ƙare, ko an kashe shi, ko cuta ta ɗauke shi, ko an kama shi, ko an sallame shi ya koma gida.

Wanda ya buɗe babin runduna ta 151, in malami ne, lalle zai daɗe a kansa. Ana yi mata laƙabi da rundunar malaman makaranta, gama akwai su da yawa a cikinta, kuma wanda ya ja ta a yaƙin Gettysburg, Laftanar Kanar George McFarland, shugaban makaranta ne da ya fito tare da malamansa da ɗalibansa. Ran 1 ga Yuli, 1863, su 467 suka shiga daga. Kafin a ƙare, 337 daga cikinsu an kashe, ko an raunata, ko an kama. McFarland kansa ya rasa ƙafa guda, bayan yaƙi kuwa aka ba shi kula da makarantun marayun sojoji na jihar.

Amma mu a ganinmu ba nan ne darajar aikin Bates ta fi fitowa ba. Rubuta labarin jarumai ba wuya, kowa yana so. Gwajin marubuci yana wurin waɗanda ba su yi abin kirari ba. Sau biyu, cikin 1862 da 1863, da Janar Lee na Kudu ya doso Arewa, Gwamna Curtin ya yi yekuwa a fito a tsare gida. Aka sami dakarun gayya, manoma da 'yan kasuwa da 'yan makaranta, waɗanda ba a hore su ba, aka ba su bindigogi na 'yan makonni. Wata runduna tasu mai lamba 26, wadda a cikinta akwai ɗaliban kwalejin Gettysburg, ta yi karo da gogaggun sojojin Kudu ran 26 ga Yuni, 1863. Ba su iya tsayawa ba, aka kore su, aka kama fiye da 100. Wani marubucin da sai ya tsallake wannan don kunya. Bates ya sa sunayen dakarun gayya a littafinsa na biyar, kamar yadda ya sa na sauran. Ɗaya daga cikin samarin nan da aka kora, Samuel Pennypacker, shi ya zama Gwamnan jihar cikin 1903.

Kwana biyu bayan wannan, waɗansu dakarun gayyar suka ƙone babbar gadar katako ta Wrightsville a kan kogin Susquehanna, mai tsawon fiye da mil guda, suka hana sojojin Kudu ƙetarewa. Cikin waɗanda suka tsaya a ramukan tsaro a ranar har da kamfani guda na baƙar fata. Ashe mutumin da ba a ɗauke shi cikakken soja ba yana iya tare hanyar mayaƙa.

Kada a ce aikin ba shi da aibi. Yana da shi, kuma aibin nasa darasi ne ga duk mai riƙe da alƙalamin hukuma. Bates ya dogara ne ga abin da akawuna suka rubuta, inda suka yi kure shi ma ya bi su. Akwai sunayen da aka karkatar da rubutunsu, akwai waɗanda ba a faɗi makomarsu ba. Mafi muni duka ita ce kalmar nan "ya gudu". Sojan da ya kwanta asibiti ba a sanar da rundunarsa ba, ko ya faɗa hannun abokan gaba ba wanda ya gani, akawu yana iya rubuta masa ita a gurguje. Kalma ce 'yar ƙarama, amma tana hana mutum fansho, ta bar matarsa da 'ya'yansa da abin gori. Sai da Majalisar Amurka ta yi dokoki cikin shekarun 1880 domin a share wa waɗansu wannan tabo. Akwai kuma wanda doka ta hana a rubuta. Nicholas Biddle, wani dattijo baƙar fata na garin Pottsville, ya bi kamfanonin farko da suka tafi tsaron Washington, aka fasa masa fuska da jifa a Baltimore ran 18 ga Afrilu, 1861. Jininsa yana cikin na farkon da ya zuba, amma ba a ɗauke shi soja ba, domin a lokacin ba a ɗaukar baƙar fata.

Jihar ba ta tsaya ga littafi ba. Cikin 1910 ta buɗe wani babban ginin tunawa a filin Gettysburg, aka zana sunayen 'ya'yanta fiye da 34,000 da suka halarci wannan yaƙi a kan allunan tagulla.

To, mu ma mun ga namu yaƙin basasa, daga Yuli 1967 zuwa Janairu 1970, kuma rundunar ƙasa ta kumbura daga mutum wajen 10,000 zuwa wajen 250,000. Da yawa daga cikin waɗannan daga ƙauyukanmu suka fita. Kowace shekara ran 15 ga Janairu ana ajiye furanni, ana harba bindiga. Amma a tambayi kowace ƙaramar hukuma mutum nawa suka tafi daga ƙasarta, nawa suka komo, a ga ko akwai littafin da za a buɗe. Bates ya fara aikinsa shekara guda bayan yaƙi, shaidu suna raye. Mu kuwa saurayin da ya shiga soja yana da shekara 20 cikin 1967, yau ya kusa 80.

Abin da muke roƙo bai fi ƙarfin kowa ba. Gwamnatocin jihohi su umarci kowace ƙaramar hukuma ta buɗe rajista guda, a naɗa akawu ɗaya mai kyan rubutu da haƙuri ya riƙe ta. Kwalejojin horon malamai su tura ɗalibansu lokacin hutu wurin dagatai da masu unguwanni da tsofaffin sojoji, su rubuta sunan mutum da na mahaifinsa, lambarsa in an tuna, bataliyarsa, shekarar da ya tafi, da abin da ya same shi. A rubuta direba da mai dafa abinci da mai ɗaukar marasa lafiya. A kuma rubuta sunan wanda ya ba da labarin, domin a san inda za a koma in an sami saɓani. Inda ba a tabbatar da makomar mutum ba, a bar gurbin fili, kada a cika shi da zato. In an gama, a ajiye kofi ɗaya a hedkwatar ƙaramar hukuma, a aika ɗaya Gidan Adana Takardun Tarihi na Kaduna.